Lallen da Aka Ƙunsa Domina

Ƙafa nake fara kallo a jikin mutum, kafin fuska. A filin gudu na koyi haka, lokacin da nake jami'a a kudu, tun kafin a koya mana shi a karatun likitanci. Mai horar da mu yakan ce kada mu kalli bayan wadda ke gabanmu, mu kalli diddigenta, domin in ta gaji a nan zai fara nunawa. Zagaye biyu na fili nake gudu. Ban cika zuwa ta ɗaya ba, sai ta biyu ko ta uku, kuma ina jin shi ya sa na san diddigen mutane da yawa.

Da na gama karatu aka turo ni gida Malanville, sai na daina gudu. Ba wanda ya hana ni da baki. Sau ɗaya na gwada, da sassafe, a kan tudun da ke tare ruwa a gefen gonakin shinkafa, na sa dogon wando da hijabi. Wani manomi ya yar da fartanyarsa ya biyo ni a guje, yana tambaya wace ce ke naƙuda. Da na ce masa ba kowa, ya tsaya yana haki yana dubana da tausayi. Daga ranar na ajiye takalman a ƙarƙashin gado. Kallon ƙafa ne kawai ya rage mini, kuma ya yi mini amfani a ɗakin duba marasa lafiya. Sau da yawa, tun mutum yana bakin ƙofa nakan fara zargin abin da ya kawo shi, ko da yake ba kullum nake dacewa ba.

A cikin masu zuwa wurina akwai wata tsohuwa da nake kira Inna. Aminiyar mahaifiyata ce, tare suka yi cinikin kifi tun suna da ƙarfi. Da mahaifiyata ta rasu, ita ce ta zauna da ni har aka share makoki, ta kuma ci gaba da kirana ɗiyarta ba tare da ta nemi izinin kowa ba. A Madekali take, bandar kifi ce sana'arta. Dandanci ne harshenta, amma da Hausa take yi mini magana, irin ta kasuwa, sai in ranta ya ɓaci ta koma nata.

Ciwon sukari gare ta, ya daɗe a jikinta har ya kashe mata jin ƙafa daga idon sawu zuwa ƙasa. Duk ranar kasuwar da ta shigo gari takan biyo ta asibiti. Ba ta jiran a ce mata komai. Ta zauna, ta tuɓe takalmi, ta ɗora ƙafafunta a kan cinyata, tana ba ni labarin farashin kifi da wanda ya saki matarsa. Ba mu da abin gwajin da littafi ya ce, don haka da guntun zaren fatsa nake taɓa tafin ƙafarta, in ce ta rufe ido.

"Kin ji?"

"Na ji."

"Inna, ban taɓa ki ba tukuna."

"To mi kike jira? Kasuwa na watsewa."

Nakan duba tsakanin yatsu, in duba diddige, in danna farce in ga ko jini zai komo. Na sha faɗa mata kada ta taka ƙasa babu takalmi a kusa da wutar banda, kada kuma ta ji ɗumin wuta da ƙafa, tunda ko tana ƙonewa ba za ta sani ba. Waɗannan ta karɓa. Da na zo kan lalle ne muka yi rigima. Na ce mata launin fatar nake buƙatar gani, in ta rufe shi da baƙin lalle ta rufe mini ido.

"Ke ɗiyata, so kike in mutu da ƙafa kamar ta namiji?"

"So nike ki mutu da ƙafa, Inna. Biyu."

Ta yi tsaki, ta ce boko bai bar ni da kunya ba. Amma ta daina. Shekara da shekaru, ana biki ana suna, matan Madekali suna ƙunsa lalle, ita tana zuwa da ƙafarta fari fat suna yi mata ba'a. Ban san lokacin ba yadda abin yake yi mata ciwo. Wataƙila na sani, ban dai ɗauke shi da nauyi ba.

Yadda na zama depite, wato ƴar majalisar ƙasa, ba labari ne mai daɗin ji ba. Mutanen wata jam'iyya suka yi ta zuwa gidana suna roƙona in tsaya takara. Na ce zan yi tunani. Ban san cewa a wurinsu wannan amsa ce ba. Ina da dalilaina kuma, ba zan ce tura ni kawai aka yi ba. Na gaji da matan da ake kawowa daga wajen Tumbutu ta nan yankinmu a kan babur, naƙuda ta riga ta yi musu nisa, da nemo jini a lokacin da jinin ba ya jira. Na zaci abin da ba ya gyaruwa a ɗakina zai gyaru a majalisa. Har yanzu ban tabbata na yi kuskure ba, kuma ban tabbata na yi daidai ba.

Inna ba ta yi wannan dogon tunanin ba. Ta bar banda a hannun matar ɗanta, ta shiga jirgin ruwa, tana bin tungayen masunta ɗaya bayan ɗaya tana yi wa mata magana a kaina. An ce mini ƙafarta take nuna musu, ta ce wannan yarinya ce ta riƙe mata ita. Na aika mata ta rage yawo cikin laka, ta aiko mini in kula da abin da ke gabana.

A Porto-Novo na kama ɗaki a saman bene. Na yi aure a makare, bai kuma daɗe ba, don haka babu wanda zan ɗauko daga gida, babu wanda na bari yana jira. Da safe in tafi majalisa, a yi magana da Faransanci har la'asar, in komo in dafa abin da zan ci ni kaɗai. An sa ni a kwamitin da ke duba al'amuran lafiya, ina kuma yin aikin da gaske, nakan karanta duk abin da aka ba mu har da wanda ba a sa ran kowa zai karanta ba. Wayata ba ta hutawa. Masu neman aiki, masu gayyata, masu gaisuwa kawai. Amma a cikinsu babu mai ce mini ga inda ke yi masa ciwo. Wani lokaci wani abokin aiki yakan ja ni gefe a baranda, ya rage murya, ya tambaye ni game da hawan jininsa. Nakan tsawaita amsar fiye da yadda tambayar ke buƙata. Na lura warin sabulun asibiti ya bar hannuna. Ban taɓa son warin ba, amma rashinsa ya dame ni.

Da majalisa ta tafi hutu na komo gida, aka shirya mini zagayen godiya. Sakataren jam'iyya na yankinmu ne ya tsara komai. Tsohon malamin makaranta ne, mutumin kirki, mai son kowane abu ya zauna a wurinsa. Muka je Gene, muka je Tumbutu, Madekali ce ta ƙarshe. Lokacin sanyi ne, ruwa ya ja baya, motoci suka iya shiga da ƙyar.

An kafa rumfa, an jera kujerun roba, tawa ce kaɗai mai hannu. Matan garin sun yi anko, kuma dukansu sun ƙunsa lalle, baƙi wuluk har idon sawu, irin wanda ake yi wa babban biki. Aka yi jawabai. Sannan aka ce shugabar mata za ta miƙa kyauta, sai ga Inna ta taso daga can ƙarshen rumfar da kwandon bandar kifi a kanta.

Safa ce a ƙafarta, duka biyun, ita kaɗai a cikin matan. Da farko na ji daɗi, na ce ta kiyaye maganata, ta rufe farar ƙafarta don kada a yi mata dariya. Sai na kalli tafiyarta. Ba ta ɗingishi, kuma ban sa ran ta yi ba, tunda ba ta jin zafi. Amma ƙafar hagu ba ta shige takalmin duka ba, diddigen yana waje yana taka ƙasa, takalmin yana ja. Da ta matso na ga safar ta jiƙe a wajen yatsu. Ƙudaje kuma ƙafa ɗaya suke bi.

Ta sauke kwandon, ta durƙusa a gabana. Ban taɓa ganin ta durƙusa mini ba.

"Onorabul, barka da zuwa. Allah shi ƙara girma."

"Inna, tashi don Allah. Ina ƙafa?"

Akwai lasifika kusa da bakina, tambayar ta fita har bakin gulbi. Mata suka yi dariya, sun ɗauka tsohon wasanmu ne.

"Lahiya lau," in ji ta. Ta miƙe ta juya.

Na yunƙura zan bi ta, sakataren ya sunkuyo ya ce mini a hankali liman bai yi addu'a ba tukuna, kuma in na tashi yanzu za a ce na raina taron. Gaskiya ya faɗa. Na zauna. Kafin a shafa fatiha ta ɓace a cikin mata, aka kewaye ni aka kai ni mota.

Ban yi barcin kirki ba. Na yi ta ce wa kaina wataƙila ruwa ta taka, wataƙila takalmin aro ne, ƙudaje kuwa ai kifi ta ɗauko. Duk suna iya yiwuwa. Amma na san girman ƙafar nan kamar yadda na san tawa.

Bayan sallar asuba na sa wani tsohon hijabi na fita ta ƙofar baya, ban tashi shofer, direban motata, ba, ban gaya wa sakatare ba. Na tari mai babur ɗan kabu-kabu a bakin hanya. Dattijo ne mai furfura a gemu, bai gane ni ba. Duk hanya yana kauce wa ramuka yana mita.

"Hajiya, riƙe da kyau. Depitenmu ta zo jiya da motocinta, sun ida kashe muna hanyar."

"Ko za ta gyara?"

"Likita ce, an ce. Sai dai ta yi mata allura."

Na yi dariya har na ji kunya. Na daɗe ban yi magana da wanda bai san ko ni wace ce ba, kuma na so hanyar ta fi haka tsawo.

Matar ɗan Inna na tarar a tsakar gida tana jera kifi a kan wayar banda. Da ta ɗago ta gan ni, kifin hannunta ya faɗi.

"Yaya... Onorabul..."

"Bar shi a Yaya. Mi ya samu ƙafar Inna?"

Ta dubi ƙofar ɗaki, ta rage murya, ta gaya mini. Da aka sa ranar zuwana, mata suka haɗu a gidan nan don ƙunshi. Suka ce Inna ta zauna ta yi kallo kamar kullum. Ta ce a'a, wannan karon ɗiyarta ce za a tara, ba za ta tsaya a gaban mutane da ƙafa kamar mai takaba ba. Aka kwaɓa lalle aka shafa mata, aka ɗaure ƙafafun da leda da tsumma. Da sanyi lalle ba ya saurin kamawa, don haka matan nan suna kawo kaskon garwashi su kara ƙafa, in zafi ya yi yawa su janye. Kowa ta kara ta janye. Inna ta kara tana hira. Sai da suka ji ƙaurin leda suka duba.

"Ba ta ji komai ba, Yaya. Mu munka yi ta salati, ita tana tambaya ko ya kama."

Kwanaki ke nan da faruwar abin. Sun sa man shanu, sun barbaɗa garin wani magani da aka saya a kasuwa. Inna ta ce duk wanda ya kai mini labari ba ita ba shi.

Matar ɗan tana rufe baki Inna ta fito. Ta gan ni ta tsaya. Ba ta yi murna ba.

"Ina motarki?"

"Na bar ta gida."

"Da mi kinka zo?"

"Kabu-kabu."

Ta faɗi wata magana da Dandanci wadda ba zan maimaita ba. Ta ce a ja ƙyauren zana a rufe, a kawo mini kujera. Ita ta zauna a tabarma, ta naɗe ƙafar hagu a ƙarƙashin zane. Daga inda nake ina jin warin, kuma na san shi. Ko hayaƙin banda bai rufe shi ba.

"Inna, tuɓe safar in gani."

"A kawo mata hura."

"Ban zo shan hura ba."

"To kin zo gidan da ba a yi ma baƙo magana sai ya jiƙa maƙoshi."

Na sha, don in na ƙi za mu ɓata wani lokacin a kan furar. Sannan na sauko daga kujerar na zauna a tabarma, na shimfiɗa gefen hijabina a kan cinya kamar yadda nake yi da farar rigar aiki. Ta ja baya.

"Tashi daga ƙasa. Tashi, ga mutane can suna leƙe."

Na waiga. Kawuna ne a saman zana, na mata da na yara. Labari ya riga ya zaga.

"Su leƙa. Ƙafar ga shekara nawa tana hawa cinyata?"

"Ni na shiga jirgi," in ji ta, kamar ba ta ji ni ba, "tunga-tunga, rana na dukana, ina ce ma mata ga wadda za ta zauna inda manya ke zama. Yanzu in bari su gan ki gurfane gaban mai bandar kifi? Gobe a kasuwa ƴan wancan ɓangare mi za su ce? Sun aika depite, ta komo wankin gyambo."

"Su ce. Aikina ne."

"Aikinki na da."

"Ban mance shi ba, Inna."

"Ban ce kin mance ba. Mu munka ɗora ki bisa kujera, ba ni za ni sauko da ke ba."

Na yi mata bayani, na kawo misalai, na ce mu shiga ɗaki inda ba mai gani. Ta ce ɗakin ma yana da ƙofa, kuma kowa zai san abin da aka shiga yi. Ina jin akwai wani abu kuma bayan wannan. Ta karya dokar da ta riƙe shekaru, kuma ba ta son idon wadda ta kafa dokar ya sauka a kan abin da ya biyo baya. Wannan zato na ne kawai, ba ta faɗa ba.

Ni mutum ce mai yawan cewa wataƙila. Marasa lafiya sun sha yi mini ƙorafi a kan haka, a majalisa ma an fara. Ba na son in faɗi abin da ban gani da idona ba. Amma ranar ba abin da ya rage mini sai in faɗa.

"Inna, in ba a buɗe ƙafar ga yau ba, yanke ta za a yi. Ban san daga ina ba, amma za a yanke."

Matar ɗanta ta daina juya kifi. Inna ta daɗe tana kallona.

"Yau ba ki ce wataƙila ba."

"Ban ce ba."

Ta dubi wutar banda, ta dubi zanen da ke rufe da ƙafar. Mai banda a tsaye take aiki, daga safe har yamma, ta fi ni sanin haka.

"Za ni asibiti," in ji ta. "Wurin yaron da anka kawo madadinki. Shi za shi duba. Ke ba ki shiga."

"Na yarda."

"Kuma ki kira motarki. Ba ki fita garin ga bisa babur ina raye."

Na kira shofer. Kafin ya iso sakataren ya kira ni, muryarsa a sanyaye, ya ce da na gaya masa ai da ya shirya. Na ba shi haƙuri.

A mota muka zauna a baya ni da ita, matar ɗanta a gaba. Da muka fara hango rufin kwanon Malanville sai ta sunkuya, ta zare safar ƙafar dama, ta miƙo ƙafar kaɗan a ƙasan mota. Wannan wutar ba ta taɓa ta ba. Lallen ya kama baƙi ƙirin, gefensa a miƙe kamar an ja da zare, an yi ƴan ɗige-ɗige a saman yatsu.

"Duk cikin matan ba wadda nata ya kai nawa," in ji ta. "Ba wanda ya gani. In na sa safa guda, da an tambaya."

"Ya yi kyau, Inna."

Gaskiya na faɗa. Na miƙa hannu, ban ma san na miƙa ba, ta janye ƙafar ta mayar da safar.

A asibiti aka yi ta gaishe ni. Malamar jinyar da muka yi aiki tare shekaru ta rusuna, ta ce a buɗe mini ofishin shugaba, akwai fanka. Na ce zan zauna a baranda. Aka shiga da Inna tsohon ɗakina, aka ja labule, labulen da ni na zaɓi yadinsa. A kan bencin jira akwai mata da ƴaƴansu da wani tsoho mai tari. Na zauna a ƙarshensa. Ɗaya bayan ɗaya suka tashi, cikin ladabi, suka koma gindin bishiya. Na ce su dawo, akwai wuri. Suka ce ba komai, Onorabul, nan ma da inuwa. Ban taɓa lura da tsawon bencin nan ba sai ranar.

Ina jin muryarta daga ciki tana yi wa sabon likitan faɗa a kan sanyin hannunsa. Na ji ƙarar almakashi, na ji an buɗe kwalbar ruwan wanki. Kowane sauti na san abin da ake yi, hannuwana suna kan cinyata.

Da ya fito ya tsaya a gabana kamar ɗalibi. Yaro ne mai natsuwa, daga kudu, yana koyon Dandanci. Ya ce ƙunar ta ci yatsu biyu na gefe, sun mutu, baƙin lalle ne ya hana mutanen gida su ga lokacin da suka sauya launi. Ruɓar ta fara hawa tafin ƙafa amma bai ga alamar ta kai ƙashin tsakiya ba.

"Jijiyar saman ƙafa tana bugawa?"

"Tana bugawa, ba ƙarfi sosai."

"Kumburin ya wuce inda lallen ya tsaya?"

"Kaɗan." Ya sunkuya ya nuna mini a kan takalminsa da yatsa. Sannan ya ce, "Madam, ko za ki shiga ki gani? Ke kin fi ni sanin ƙafar."

Na so in shiga. Ba na jin na taɓa son wani abu haka tun da na bar asibitin. Amma na yi alkawari, kuma in na karya shi ban san ko za ta yarda ta kwana a nan ba. Na ce masa a'a, na yarda da idonsa. Na faɗa masa abin da zan yi da ni ce, ya ce shi ma haka ya yi niyya.

An cire yatsun biyu a ranar. Ta yi makonni a kwance. Kullum nakan je gaishe ta har hutuna ya ƙare, kuma kullum kafin in shiga sai an ja zane an rufe ƙafar. Muna hira, tana tambayata abin da nake ci a kudu, tana cewa na rame. Ranar da zan tafi ta ce in daina zuwa da hannu biyu kamar talaka, depite lemo take kawowa.

Na koma Porto-Novo. Likitan yakan kira ni lokaci-lokaci ya gaya mini yadda gyambon yake: ya daina ruwa, nama ya fara tasowa, bakinsa yana haɗuwa. Wata rana ya ce zai ɗauki hoton ƙafar da waya ya turo mini, in gani da idona. Na ce ya tambaye ta tukuna.

Ina zaune a zauren majalisa, ana muhawara a kan wani abu da ya shafi tashar jiragen ruwa, saƙonsa ya shigo. Ya ce ya tambaye ta, ta ƙi. Ta ce a gaya mini ƙafa ta warke, jibi za ta koma banda, in kuma mai da hankali ga abin da aka aike ni.

Na rubuta masa ya tabbata an samo mata takalmi rufaffe, a cusa auduga inda yatsun suke. Na kife wayar a kan tebur. Mai magana yana kan sakin layi na gaba, na nemo wurin a takardar da ke gabana na bi shi.